Gobe a Kasuwa: Nazarin Ƙarfen Atiyum a Ƙagaggun Labaran Mistborn na Brandon Sanderson

Tsakure

Wannan maƙala ta nazarci atiyum, wani ƙagaggen ƙarfe mai wuyar samu da ke cikin jerin littattafan Mistborn na marubuci Ba'amurke Brandon Sanderson. A duniyar labarin, wanda ya haɗiyi ƙarfen yakan hango abin da zai auku nan da 'yan daƙiƙu, wani kuma yakan ajiye ƙuruciyarsa a cikinsa domin ya ɗebo daga baya. Manufar maƙalar ita ce gano abin da ya sa wannan ƙarfe ya zama ƙashin bayan labarin, alhali kayan tsafi da yawa a adabi ado kawai suke yi. An karanci littattafai uku na farkon jerin da na farkon zango na biyu, aka ɗora nazarin a kan tunanin Vladimir Propp da na Darko Suvin. Binciken ya gano cewa ƙarfin atiyum a matsayin dabarar ƙaga labari ya fito ne daga abubuwa uku: tushensa, farashinsa da iyakarsa. A ƙarshe an kwatanta shi da ruwan da ake nema a littafin Ruwan Bagaja, domin nuna yadda waɗannan ma'aunai za su amfani tarken labaran al'ajabi na Hausa.

Fitilun Kalmomi: atiyum, labaran al'ajabi, lokaci, abin tsafi, tarken adabi

1.0 Gabatarwa

Abin tsafi tsohon baƙo ne a adabin duniya. Akwai zoben da ake murzawa, da fitilar da aljani ke fitowa daga cikinta, da takobin da ba ya dakushewa. Bahaushe ma ya san layar zana da baduhu da kau-da-bara a tatsuniyoyinsa da labaran jarumansa. Sai dai mai nazari yakan gamsu a wasu lokuta da lissafo irin waɗannan kayayyaki da faɗin aikin kowane, daga nan ya wuce zuwa jigo ko salo. Abin da kan salwanta shi ne tambayar da ta fi muhimmanci: me abin tsafin ya yi wa zubin labarin da ma'anarsa?

Tambayar ta fi tsanani idan abin tsafin ya shafi lokaci. Duk labari yana rayuwa ne a kan rashin sanin abin da zai biyo baya. Idan marubuci ya miƙa wa tauraronsa ikon ganin gaba, ya sa labarinsa a haɗari, domin wanda ya san inda sara zai faɗo ba shi da abin tsoro, mai karatu ma ba shi da abin fargaba. Wannan maƙala ta zaɓi atiyum ne saboda misali ne na marubucin da ya rungumi wannan haɗari, ya kuma fita daga cikinsa ta hanyar mayar da lokaci haja: abin da ake haƙowa, a sayar, a ɓoye, a kuma ƙarar.

1.1 Hanyar Bincike da Ra'i

An tattaro bayanai daga littattafai huɗu: The Final Empire na 2006, da The Well of Ascension na 2007, da The Hero of Ages na 2008, sai The Alloy of Law na 2011. An bi wuraren da atiyum ko danginsa suka sauya alƙiblar labari, aka yi musu sharhi.

Nazarin ya jingina da tunani biyu. Na farko shi ne na Vladimir Propp, wanda a littafinsa na 1928 kan ƙirar tatsuniyoyin Rasha ya fitar da matakai 31 da labari kan bi, ciki har da matakin da tauraro ke samun mataimaki ko kayan tsafi bayan ya ci wata jarrabawa. Na biyu shi ne na Darko Suvin, wanda a 1979 ya yi bayanin cewa labarin kimiyya yakan ginu a kan sabon abu guda da babu shi a duniyarmu, sannan marubuci ya bi diddigin abin da wannan sabon abu zai haifar a rayuwar jama'a. Ko da yake Suvin bai ɗauki labaran tsafi da daraja ba, ma'auninsa ya dace da Sanderson, domin shi ma ya ɗauki tsafi tamkar fasaha mai ƙa'ida.

2.0 Marubucin da Duniyar Labarin

An haifi Brandon Sanderson a 1975 a garin Lincoln na jihar Nebraska ta Amurka. Ya yi fice bayan da aka damƙa masa kammala jerin The Wheel of Time sakamakon rasuwar Robert Jordan a 2007. A wannan shekara ce kuma ya fitar da maƙalar da ta ƙunshi abin da ya kira dokarsa ta farko, wadda ma'anarta ita ce: gwargwadon fahimtar da mai karatu ya yi wa tsafin labari, gwargwadon damar da marubuci ke da ita ta warware rikici da shi. Daga baya ya ƙara ta biyu, wadda ke cewa gazawar tsafi ta fi ikonsa amfani ga labari.

Labarin Mistborn yana gudana ne a wata duniya mai suna Scadrial, inda toka ke zuba daga sama, rana ta yi ja, tsirrai suka rasa kore, hazo kuma ya lulluɓe ƙasa da dare. Mutum guda, wanda za a kira Sarkin Daula a wannan maƙala, ya shekara dubu yana mulki daga birnin Luthadel. A ƙarƙashinsa akwai gidajen sarauta, a can ƙasa kuma akwai talakawan da littafin ya kira skaa, waɗanda matsayinsu bai wuce na bayi ba.

Babban tsafin wannan duniya shi ne alomansi. Mai baiwar yakan haɗiyi ɓarɓashin ƙarfe, ya ƙona shi a cikinsa, ya sami wani iko. Kuza tana kaifafa ji da gani, baƙin ƙarfe yana janyo ƙarafa, tutiya tana hura wutar abin da ke zukatan mutane. Mafi yawan masu baiwar ƙarfe ɗaya kawai suke iya ƙonawa. 'Yan ƙalilan da ke iya ƙona dukkansu su ne suka ba jerin sunansa, a nan kuma za a kira su 'ya'yan hazo. Taurarin littafin farko, Kelsier da almajirarsa Vin, suna cikin wannan rukuni.

2.1 Magabatan Atiyum

Sanderson ba shi ne ya fara ƙago sinadarin da ke wasa da lokaci ba. A 1948 Isaac Asimov ya wallafa wata maƙalar barkwanci mai kama da rahoton kimiyya a kan tayotimolin, sinadarin da ke narkewa tun kafin ruwa ya taɓa shi. A 1965 Frank Herbert ya fitar da Dune, inda wani yaji da ake samu a duniyar Arrakis kaɗai yake tsawaita rai ya kuma buɗe idon hangen gaba, har tattalin arzikin daula ya rataya a kansa. A 2003 wasan kwamfuta na Prince of Persia ya zo da yashin da ke mayar da lokaci baya. Atiyum ya fi kusa da yajin Herbert ta fuskar siyasa, amma ya sha bamban da shi wajen ƙanƙantar abin da yake nunawa. Yajin yana buɗe ƙarnoni, atiyum kuwa ƙiftawar ido kawai yake bayarwa.

3.0 Aikin Atiyum

3.1 Hangen Daƙiƙu Masu Zuwa

Idan ɗan hazo ya ƙona atiyum, sai ya ga wata inuwa ta fito daga jikin kowane mutum da kowane abu mai motsi, tana aikata abin da mai ita zai aikata nan da ɗan lokaci kaɗan. Ƙarfen yana kuma faɗaɗa tunanin mai ƙona shi domin ya iya fahimtar inuwoyin ya yi aiki da su nan take. A fagen fama wannan yana nufin ya kauce wa sara tun kafin a ɗaga takobi, ya kuma kai nasa saran inda abokin gaba zai koma. Yarinya ƙarama mai atiyum tana iya kayar da ƙwararrun mayaƙa.

Idan mutum biyu masu atiyum suka haɗu, al'amarin yakan sauya. Kowane yana ganin abin da ɗayan zai yi, sai ya canza shawara, canjin kuma ya sa ɗayan ya canza tasa. Saboda haka inuwa ɗaya takan tarwatse ta zama inuwoyi barkatai, ba wanda ya san ta gaskiya. Faɗan sai ya koma jiran wanda ƙarfensa zai riga ƙarewa, kuma atiyum yana ƙonewa da sauri. A nan karin maganar nan ta ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare ta sami gurbi sosai.

3.2 Ajiyar Ƙuruciya

Akwai tsafi na biyu mai suna ferukemi, wanda ya keɓanta ga mutanen Terris. Mai wannan baiwa ba ya ƙona ƙarfe, rumbu yake mayar da shi. Yakan zauna da rauni na wani lokaci domin ya tara ƙarfin jiki, ya ɗebo ranar buƙata. Abin da ake tarawa a atiyum shi ne shekaru: mutum ya yarda ya tsufa na ɗan lokaci, domin ya yi ƙuruciya daidai wannan gwargwado daga baya. Ba riba, ba hasara.

Sirrin Sarkin Daula shi ne ya haɗa baiwar biyu. Yakan tara ƙuruciya a atiyum, sannan ya ƙona ƙarfen, abin da ya ajiye ya dawo masa ninkin ba ninki. Da haka ya rayu shekara dubu, talakawa suka ɗauke shi abin bauta. Dawwamarsa kuwa tana rataye ne a kan wasu awarwaron atiyum da ke soke a damatsansa. Ranar da Vin ta fizge su, shekarun da ya daɗe yana turewa suka auko masa gaba ɗaya, ya tsufa a gaban idonta.

3.3 Dangin Atiyum

Marubucin ya kewaye atiyum da wasu ƙarafa masu alaƙa da lokaci. Zinariya tana nuna wa mutum wanda da zai zama in da ya bi wata hanya a baya. Gamin atiyum da zinariya, wanda Kelsier ya kira ƙarfe na goma sha ɗaya, yana nuna irin wannan game da wani mutum daban. Da shi Vin ta gane cewa Sarkin Daula asalinsa Rashek ne, wani ɗan dako daga Terris da ya kashe gwarzon da ake jira ya karɓe matsayinsa. Elektirum, wato gamin zinariya da azurfa wanda da shi mutanen Lidiya suka buga tsabar kuɗinsu na farko a tarihi, yana nuna wa mutum tasa gaba, ta haka yana rikita mai atiyum.

A zango na biyu na jerin, kimanin shekara ɗari uku bayan na farko, an gano wasu biyu da ke taɓa gudun lokacin kansa. Bendaloi yana kafa da'irar da lokaci ke sauri a cikinta, kadmiyum kuma yana kafa wadda lokaci ke jan ƙafa. Dukkansu akwai su a zahiri: an gano kadmiyum a 1817, bendaloi kuma gami ne da ke narkewa a zafin da bai kai na tafasasshen ruwa ba. Atiyum ne marubucin ya ƙaga ɗungurungum.

4.0 Tushe, Farashi da Iyaka

4.1 Tushe

Wuri ɗaya tak ake samun atiyum, wato Ramukan Hathsin. Ƙarfen yana taruwa ne a cikin wasu ƙwansunan dutse da ke tsirowa a tsagogi masu cike da duwatsu masu kaifi kamar gilashi. Ba a iya amfani da alomansi a wurin, domin yana farfasa duwatsun. Dole sai mutum ya rarrafa cikin ƙunci ya cusa hannu, kaifin ya tsattsage masa fata. Fursunoni ake turawa, kuma duk wanda ya yi mako bai samo ƙwanso ɗaya ba, dukan mutuwa ne sakamakonsa.

Kelsier ya yi zaman wannan wuri tare da matarsa Mare. Ta ba shi ƙwanson da ta samo, ta ce masa biyu ta samu, aka kashe ta a gabansa. Wannan tashin hankali ne ya farkar da baiwarsa, ya tsere da tabo a hannuwansa biyu, tabon da ya zama tambarin tawaye. Idan aka auna da tsarin Propp, jarrabawar da ake ci kafin samun abin tsafi tana nan, amma an juya ta: wanda ya sha wahalar haƙowa daban, wanda ya ci moriya daban. Kowane ɗan dunƙulen da basarake ya haɗiya domin ya ga daƙiƙu kaɗan na gaba, makon ran wani bawa ne. Ashe kafin atiyum ya ba wani lokaci, sai da ya ƙwace shi daga wani.

4.2 Farashi

Sarkin Daula ya mallaki ramukan, ya damƙa aikin haƙar a asirce ga gidan Venture, ya kuma riƙa sakin kaɗan daga abin da aka haƙo zuwa kasuwa da tsada mai yawa. Kowane gidan sarauta yana buƙatar atiyum, domin gidan da ba shi da shi ba zai iya kare kansa daga ɗan hazon gidan abokan hamayya ba. Ta haka dukiyar da sarakuna suka tatsa daga talakawa take komawa hannun Sarkin Daula, su kuma suna zaune cikin tsoron juna. Ƙarfen ya zama makami, ya zama ma'aunin arziki, ya zama linzamin da ake jan masu mulki da shi.

Wannan ne ya sa shirin Kelsier na farko ya kasance na sata: a fasa taskar da ake kyautata zaton tana fadar Luthadel. Kafin mutuwarsa ya koma ramukan ya farfasa duwatsun, ya tsayar da haƙar har na tsawon ƙarnoni. Da aka kifar da daular kuma, sai aka tarar babu taskar. Littafi na biyu ya ginu ne a kan wannan rashi: rundunoni sun yi wa birnin ƙawanya, kwaɗayin atiyum yana cikin manyan dalilansu, sabuwar gwamnatin Elend Venture kuma ba ta da abin da ake zarginta da ɓoyewa. Jita-jitar dukiyar kaɗai ta isa ta jawo yaƙi. Wannan ita ce bibiyar sakamako da Suvin yake nufi: sabon abu guda ya shiga kasuwa da fada da fagen fama.

4.3 Iyaka

Faɗa biyu na Vin sun nuna yadda marubucin ya hana atiyum kashe labarinsa. A littafi na farko ta kara da Shan Elariel, wadda ta fi ta yawan ƙarfen. Da Vin ta ga nata ya kusa ƙarewa, sai ta kashe shi da gangan. Shan ta ga inuwoyin sun koma ɗaya, ta saki jiki ta kawo farmaki, Vin ta kunna ɗan ragowar a daidai lokacin, ta rikita ta, ta halaka ta. Dabara ce ta ci yawan dukiya.

A littafi na biyu lamarin ya fi wuya, domin Zane yana da atiyum, ita kuwa ba ta da ko ƙwaya. Sai ta lura cewa wanda ke ganin gaba yakan motsa domin tare harin da ba a riga an kai ba. Ta zuba masa ido, ta karanci abin da za ta yi daga motsinsa, sannan ta yi akasinsa. Inuwarta ta rabu biyu, Zane ya tare ta ƙarya. Ma'anar wannan fage ta wuce faɗa. Abin da atiyum ke nunawa shi ne inda mutum ya dosa muddin bai sami sabon sani ba. Da zarar ya samu, zaɓi ya dawo hannunsa. Mai hangen gaba kuma, ta hanyar aiki da abin da ya hango, shi da kansa yake tona asirin hangen.

The Alloy of Law ya ƙara fito da wannan tunani ta wata fuska. Marasi tana jin kunyar baiwarta ta kadmiyum, domin rage wa kai gudu ba ya kama da abin amfani. Amma da ita aka kama Miles, mutumin da rauni ba ya kashe shi: an riƙe shi da faɗa a cikin da'irar, mintoci kaɗan a ciki suka zama sa'o'i a waje, har 'yan sanda suka iso suka kewaye wurin.

4.4 Ƙarshen Taskar

Littafi na uku ya bayyana asalin ƙarfen. Iko biyu ne suka samar da duniyar Scadrial, ɗaya mai adanawa, ɗaya mai rushewa. A nan za a kira su Adanau da Rusau. Adanau ya yanke wani sashe na ikon Rusau ya ɓoye, wannan sashe ne yake daskarewa ya zama atiyum. Wato abin da sarakuna suka shekara dubu suna kashe juna a kansa jikin mai hallaka duniya ne. Sarkin Daula ya san haka, shi ya sa ya tara mafi yawansa a kogunan kandra, wasu halittu masu sauya siffa, inda Rusau ba zai gano shi ba.

Da Rusau ya gano wurin, ya turo rundunar dodanni. Elend yana tare da 'yan ɗaruruwan sojoji da aka gano cewa atiyum ne ƙarfen da suke iya ƙonawa. Suka haɗiye taskar, suka yi ta yaƙi har ta ƙare ƙaf, suka mutu. A ma'aunin soja an ci su, amma Rusau ya iso ya tarar babu abin da ya zo nema. Labarin da ya faro da shirin sace dukiya ya ƙare da ƙone ta da gangan. Sarkin Daula ya yi amfani da atiyum ya sayi shekara dubu domin kansa; Elend ya yi amfani da shi ya sayar da ransa domin wasu su ga gobe. Jigon jerin yana tsakanin waɗannan amfani biyu.

5.0 Kwatanci da Ruwan Bagaja

Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, wanda ya fito daga gasar rubutu ta 1933 da Rupert East ya shirya a Zariya, shi ma ya ginu ne a kan abu mai wuyar samu. Alhaji Imam ya bar Kwantagora neman ruwan da zai warkar da ɗan sarki, domin ya wanke limamin da aka wulaƙanta saboda ya ambaci ruwan. Idan aka ɗora ma'aunai ukun nan, bambancin zai fito. Tushen ruwan yana can nesa a hannun aljannu, ba a hannun wata hukumar mutane ba. Farashinsa shi ne shekarun yawo da wahalar tauraro shi kaɗai. Iyakarsa kuwa labarin bai damu da ita ba, domin sau ɗaya ake buƙatar aikinsa, a ƙarshe.

Wannan bai zama naƙasu ga littafin Imam ba. Ruwan dalilin tafiya ne, daɗin labarin kuma yana cikin garuruwan da aka ratsa da wasan kura da Malam Zurƙe ɗan Muhamman. Ko a bisa dokar Sanderson, tsafin da ba a warware rikicin tsakiyar labari da shi ba ya buƙatar dogon bayani. Hasali ma akwai abin da Imam ya tsira da shi wanda Sanderson ya yi hasararsa: yawan ƙa'ida yakan rage al'ajabi, har tsafi ya koma kamar darasin kimiyyar haɗa sinadarai. Abin da kwatancin ya nuna shi ne akwai abin tsafi mai jan tauraro zuwa gaba, akwai kuma mai tsara dukkan al'ummar labarin, kuma bai dace a auna su da mudu ɗaya ba.

Akwai wani bambanci da ya shafi lokaci kansa. Mai karatu Bahaushe ya san sauyawar lokaci ta hanyar ƙissar As'habul Kahfi, waɗanda suka yi barcin shekara 309, amma a wurinsa wannan aya ce ta ikon Allah, ba abin da ake haƙowa a rami ba. Harshensa ma ya tanadi cewa gobe ta Allah ce. Saboda haka marubucin Hausa da ya so ƙaga abu irin atiyum zai fuskanci tambayar da ta shafi sanin gaibu. Abin lura shi ne mafitar Sanderson ba ta yi nisa da wannan fahimta ba: hangen da ƙarfensa ke bayarwa gajere ne, yana iya kuskure, kuma wanda ya dogara da shi kaɗai yakan faɗi.

6.0 Sakamakon Bincike

Binciken ya gano abubuwa huɗu. Na ɗaya, ƙarancin atiyum ne ya ba shi ma'ana, domin shi ya haɗa tsafin da bauta da kasuwa da mulki. Na biyu, manyan nasarorin da taurari suka samu a faɗan atiyum sun zo ne ta hanyar gazawarsa, ko dai saurin ƙarewarsa ko yiwuwar rikita shi. Na uku, ma'anar ƙarfen tana sauyawa daga littafi zuwa littafi, daga ganima zuwa jita-jita zuwa abin da ya wajaba a hallaka, ba tare da an karya ƙa'idojin da aka shimfiɗa tun farko ba. Na huɗu, tambayoyi uku na tushe da farashi da iyaka suna iya rarrabe aikin abin tsafi a labaran da suka fito daga al'adu mabambanta.

7.0 Kammalawa

Maƙalar ta bi atiyum daga Ramukan Hathsin zuwa kogunan kandra, ta nuna cewa Sanderson ya tsare labarinsa daga haɗarin hangen gaba ta hanyar sa wa hangen kuɗi da wa'adi da kuma wanda zai biya da jininsa. Ta kuma nuna cewa Ruwan Bagaja ya bi wata hanya daban wadda ta dace da manufarsa. Fagen da ya rage shi ne na littattafan yaƙi da tsafi na Hausa na wannan zamani, irin na Abdul'aziz Sani Madakin Gini, waɗanda ke cike da takubba da zobba da madubai na tsafi. Idan aka tambayi kowane daga cikin waɗannan kayayyaki inda ya fito, da wanda ya biya kuɗinsa, da inda ikonsa ya tsaya, za a san wanne ne ke ɗauke da labarin, wanne ne kuma labarin ke ɗauke da shi.